Nasiha Ga Magada Kan Ajiyar Mamaci A Banki

 A da, in mutum ya rasu a ƙasar Illela, abin da ake rabawa gona ce da shanu da rumbun gero, kowa na gani da idonsa. Yanzu fataken albasa da dillalan shanu suna kai kuɗi banki su ajiye na wata shida ko shekara, bisa sharaɗin za a ɗora musu wani abu a kai. Sai ajali ya riga wa'adi. Bayan an share makoki a buɗe akwati, a tsinci takardar ajiya naɗe cikin leda, daga nan 'yan'uwa su fara kallon juna.

Ku sani, wanda marigayi ya rubuta sunansa a fom ɗin banki domin a neme shi in wani abu ya faru, bai zama mai kuɗin ba. Haka babban ɗan da wayar uba da katin ATM suka faɗo hannunsa. Ranar da ya je wurin mai POS ya ciri ko naira dubu ashirin, ko da sunan hidimar gida, ya taɓa haƙƙin marayu, kuma bayanin asusu zai tona shi gaban alƙali. Irin wannan yakan jawo ƙarar gado.

Hanya a fili take. Ku sanar da banki rasuwar a rubuce, ku karɓi takardar shaidar mutuwa daga Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa, sannan ku tafi kotu gaba ɗayanku, da shaidun da suka san magada. Banki zai faɗa muku irin takardar da yake bukata, umurnin Kotun Shari'a ko takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga Babbar Kotu a Sakkwato. Kada ku ɓoye kowa. In marigayi yana da mata a Birnin Ƙonni, ita da 'ya'yanta magada ne, iyakar ƙasa ba ta yanke gado. In kuɗi sun fito, a fara da hidimar jana'iza, sai bashi, sai wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba, sannan rabo: mata su raba tumuni in akwai 'ya'ya, uwa ta ɗauki sudusi, namiji rabon mata biyu.

Sai maganar kuɗin ruwa, inda zukata suka fi zafi. Wani ya ce a haɗa a raba, wani ya ce ba zai ci riba ba. Ku nemi banki ya rubuto muku uwar kuɗi dabam, abin da ya hau kai dabam, da ko an sabunta ajiyar bayan cikar wa'adi. Mafi yawan malamai sun tafi a kan cewa ruwan banki riba ce, a fitar da ita a kashe wajen mabukata da amfanin jama'a. In kuwa a irin bankin Jaiz aka ajiye, wanda ya fara aiki a 2012 bisa tsarin Musulunci, ribar ciniki ce, tana shiga gado. Ku kai wa malami masanin gado tun kafin ku kai wa lauya.

Jinkiri ma hasara ne. A 2024 hauhawar farashi ta haura kashi 30 cikin ɗari. Asusun da ya shekara 10 ba a taɓa ba, Babban Bankin Nijeriya ke karɓar ajiyarsa. Magada na iya nema, amma wahalar ta ƙaru. Ga kuɗin mota zuwa Sakkwato, ga na lauya, ga zumunci ya lalace.

Ku kuma masu ajiya, tun kuna da rai ku rubuta sunan banki da adadin kuɗin, ku shaida wa amintattu biyu. Ku magada, ku ji tsoron Allah, ku zauna ku daidaita kafin a kai ga ƙara. Allah ya jiƙan magabatanmu, ya sa mu cika da imani.