Darasi Kan Karɓar Haraji: Abin Da Ya Faru A Abeokuta

Sa'ad da na ke koyar da darasin zaman ƙasa, ɗalibai su kan tambaye ni ko mutum yana da ikon ƙin biyan haraji. Amsata kullum ita ce a'a. Da haraji a ke gina makaranta da asibiti, da shi a ke biyan malamai. Amma akwai wata tambaya wadda ba safai su kan yi ba, ita ce kuwa na ke so mu duba yau: in Gwamnati tana bin mutum kuɗi, ta wace hanya ya kamata ta karɓa?

Bari mu ɗauki misali daga ƙasar Egba, cikin Yarbawa. A 1914 Turawa suka haɗa Abeokuta da sauran Nijeriya, a 1918 kuma aka aza haraji. Abin da ya bambanta garin da yawancin wurare shi ne, an sa wa mata nasu harajin dabam, tun yarinya tana da shekara 15. To, a zamanin nan wa ke da takardar haihuwa? Sai ya zama mai karɓar haraji shi ke yanke shekarun yarinya da idonsa. Har ta kai waɗansu su kan tuɓe 'yan mata, wai don su ga ko sun isa biya. Wadda ta kasa biya kuwa a kan kai ta kotu, waɗansu har gidan yari.

Ku lura da inda ɓarnar ta ke. Alake, watau sarkin Egba, a lokacin nan Ademola na Biyu, shi kaɗai ne En'e. Ma'aikatansa ke yanka haraji, su ke karɓa, kotunan da ke hukunta wanda bai biya ba kuma suna ƙarƙashinsa. Macen da aka ƙware, wurin wa za ta kai kuka? Ko cikin aji, in malami ya ce yaro ya ɓatar da littafi, ya yanka masa tara, sa'an nan shi ne mai jin ƙarar, ai yaron ba zai gamsu ba, ko da malamin nan mai gaskiya ne.

Wata malama, Funmilayo Ransome-Kuti, ita ta shugabanci Ƙungiyar Matan Abeokuta wadda aka kafa a 1946. (Mijinta shi ne shugaban farko na Ƙungiyar Malaman Nijeriya, don haka labarin nan na gidanmu ne.) Abin da ya fi burge ni shi ne, matan nan ba da zanga-zanga suka fara ba. Takardun koke suka yi ta rubutawa, suka kuma ɗauki akanta ya bincika littattafan kuɗin En'e, domin su san inda harajinsu ke tafiya. Ita malamar ta ƙi biya, aka kai ta kotu. Da abin ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, a watan Nuwamba 1947 dubban mata suka taru a ƙofar fada suka kwana nan. Daga bisani aka soke harajin matan, aka sa mata huɗu cikin majalisar riƙon ƙwarya, Alake kuma ya sauka daga gadon sarauta a watan Janairu 1949, ko da ya ke ya komo a 1950.

A ganina, da an bi hanya tun farko, da ba a kai nan ba. Hanyar kuwa ba wuya gare ta ba. A sanar da mutum abin da a ke binsa a rubuce, da yadda aka yi lissafin. A ba shi lokaci ya faɗi nasa, gama mai lissafi ma ya kan yi kuskure. In bai yarda ba, ya sami wani mai shari'a wanda ba shi ne mai karɓar ba. Ƙwace kaya ko kulle shago sai duk wannan ya wuce. In ya biya kuwa, lalle a ba shi rasit.

Sashe na 36 na tsarin mulkinmu na 1999 ya ce duk wanda za a yanke hukunci kan haƙƙinsa ko abin da ke wuyansa, wajibi ne a saurare shi a gaban kotun da ba ta karkata ga kowa ba, ko da Gwamnati ce abokiyar shari'arsa. Akwai kuma kotu ta musamman ta ɗaukaka ƙarar haraji. Sai dai mai tumatir a kasuwa, wadda wani ya tsaya a kanta da tikiti a hannu, da wuya ta taɓa jin labarin sashen nan.

In kun je koyarwar gwaji, ku sa yara su tambayi iyayensu kuɗin da suka biya hukuma bana, da ko an ba su rasit, da wurin da za su kai ƙara in an ƙware su. Ku zo mini da amsoshin mu duba tare.