Nasiha Kan Gashin Kek na Mangwaro

Uwargida, a Gusau kike ko Tsafe ko Bungudu, idan bazara ta cika kasuwa da mangwaro, kika yi azamar gasa irin kek ɗin nan na mutanen Amurka, wanda suke shimfiɗa 'ya'yan itace a ƙasa su rufe da kwaɓaɓɓiyar fulawa, to ki sani galibin hasarar daga ruwan mangwaron take, domin shi ke jiƙe ƙullun ya bar cikinsa ɗanye, alhali samansa ya yi ja.

Ki zaɓi mangwaro marar zare, wanda bai yi luguf ba, ki yayyanka, ki gauraya kofi 4 na mangwaron da garin sitaci cokali 2 da ɗan lemun tsami. Sukari kuwa ki taƙaita, yawansa israfi ne. Idan a tukunyar yashi za ki gasa, sai yashin ya yi zafi tukuna, garwashin bisa murfi kuma ya rinjayi na ƙasa, don kada zaƙin ya ƙone ya yi ɗaci. Kada ki buɗe kafin minti 30. Ki soka tsinke a ƙullun, in ya fito a bushe ki sauke, ki bari ya huce kafin yara su sa hannu.