KARAYAR KAFAƊA WADDA CUTA TA JAWO, DA YADDA A KE RUBUTA TA A ASIBITI

Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Haka al'amarin ƙashin ɗan Adam ya ke. Ƙashi lafiyayye ba ya karyewa sai da babban dalili, kamar faɗowa daga bishiya ko haɗarin mota. Amma akwai ƙashin da cuta ta riga ta ci daga ciki, kamar yadda gara ta ke cin azara, har abu kaɗan ya isa ya karya shi. An shirya wannan darasi domin iyayen ƙasa na Sakkwato da malaman ofisoshinsu su san bambancin waɗannan karaya biyu.

Misali

A ɗauka mutum biyu sun zo asibiti rana ɗaya, kowa riƙe da hannunsa. Na farko saurayi ne, ya faɗo daga kan kabu-kabu a hanyar kasuwa. Ta biyu dattijuwa ce, tana jan guga a rijiya sai ta ji ƙas a kafaɗa, ko da ya ke ta yi wata uku tana fama da ciwo a wurin, musamman da dare. Ga mai kallo, abu ɗaya ne ya same su. Ga likita kuwa, saurayin rauni ya ji, in an ɗaure zai warke. Dattijuwar cuta ce da ita, karayar alama ce kurum.

Cututtukan da ke raunana ƙashi

Na ɗaya, ciwon daji. Wanda ya fara a nonon mace, ko a mafitsarar namiji, ya kan bi jini ya sauka a ƙashi. Cikin dogayen ƙasusuwa, bayan na cinya, ƙashin dantse ya fi kamawa. Na biyu, zaizayewar ƙashi, wadda ta kan sami tsofaffi, balle mata bayan sun daina al'ada. Na uku, ƙwayoyin cuta da ke shiga ƙashi su tara mugunya, har da na tarin fuka. Na huɗu, amosanin jini, watau sikila. A Nijeriya kusan mutum ɗaya cikin huɗu yana ɗauke da irinta, ko da bai kwanta ba. Ga wanda ta kama sosai, jini ya kan kasa isa kan ƙashin dantse, wurin ya mutu ya lotsa, ko kuwa ƙashin ya ruɓe.

Littafin lambobi

Tun cikin 1893 masana ƙididdiga suka karɓi wani jerin sunayen cututtukan da ke kashe mutane, wanda wani Bafaranshe, Jacques Bertillon, ya shirya. A 1948 Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi aikin, aka shigar har da cututtukan da ba su kai ga mutuwa ba. Sunan littafin a taƙaice ICD. An amince da gyara na 10 a 1990. Na 11 ya fara aiki ran 1 ga Janairu, 2022, ƙasashe kuma suna komawa gare shi sannu a hankali. Lambobin da ke nan na gyara na 10 ne.

Kowace cuta tana da harafi da lamba. Karayar kafaɗa da dantse ta hanyar rauni ita ce S42. S42.0 ƙashin da ya tashi daga gindin wuya zuwa kafaɗa ke nan, S42.1 allon kafaɗa, S42.2 kan ƙashin dantse. Nan saurayin zai shiga.

Dattijuwar kuwa ba ta shiga babin S ko kaɗan. Wurinta babin M, na cututtukan ƙashi da gaɓoɓi. In zaizayewar ƙashi ce, a rubuta M80. In ciwon daji ne, a rubuta lambar ciwon dajin tukuna, sa'an nan M90.7. In karayar ta cuta ce amma ba ta da gurbi a wani wuri, a rubuta M84.4. A kan ƙara lamba guda a ƙarshe don nuna wurin: 1 ita ce kafaɗa, 2 dantse. Mai sikila kuma a kan haɗa masa da D57.

Likita shi ke faɗin cuta, ma'aikacin ajiyar takardun asibiti shi ke sa lamba. Ba aikin malamin hakimi ba ne. Amma likita ba ya wurin sa'ad da abin ya faru, da labarin da aka kawo masa ya ke fara aiki.

Amfanin lambar

In aka rubuta wa dattijuwar nan S42, za a ɗaure hannu a sallame ta, cutar kuwa ta ci gaba da cinta. In aka rubuta ta a babin M, duk likitan da ya buɗe katinta ya san akwai abin nema. Har wa yau, daga waɗannan lambobi ne hukuma ke ƙirga irin cututtukan da ke damun jama'a, ta san inda za ta kai magani da ma'aikata. Rubutun kuskure ya kan ɓoye cuta ga mai ita, ya kuma ɓoye ta ga hukuma.

Abin da a ke bukata ga iyayen ƙasa da malamansu

1. In za a ba mai karaya takarda zuwa asibiti, malami ya rubuta yadda abin ya faru daidai, ba ƙari ba ragi: me ya ke yi, daga ina ya faɗo, ko kuwa bai faɗi ba sam.

2. Ya tambaya ko wurin yana ciwo tun kafin ranar, da tsawon kwanakin. Ya rubuta in akwai rama, ko tari mai daɗewa, ko ƙullutu a nono, ko sikila a gidan. Ya faɗi hannun dama ne ko na hagu.

3. Iyayen ƙasa su gargaɗi dagatai da masu unguwanni, duk karayar da ta zo ba da wani babban dalili ba, a kai ta a ɗauki hoton ƙashi tukuna. Maɗora suna da daraja wurin jama'a, amma hannu ba ya ganin abin da ke cikin ƙashi. Ɗori ba ya kama ƙashin da ciwon daji ya ci, ɗauri mai tsanani kuma ya kan tsare jini har hannu ya ruɓe a yanke shi. A birnin Sakkwato akwai Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo da Asibitin Ƙwararru.

4. In an kawo ƙara gaban uban ƙasa cewa wane ya ture wane har ya karye, kada a yi gaggawar ɗora laifi duka a kan wanda a ke ƙara. A nemi takardar likita, a miƙa ta tare da maganar ga alƙali, gama mai yiwuwa ne ƙashin ya daɗe da lalacewa.

5. A hori mutane su adana katin asibiti, su riƙa zuwa da shi kowane lokaci.

Layi biyu na gaskiya daga alƙalamin malami sun isa su sa likita ya nemi cuta tun tana da magani. Allah ya ba marasa lafiya sauƙi, amin.