Piza mai ɓawo garas-garas a gida

Sirrin pizar Napoli ta ƙasar Italiya zafi ne. Tanderunsu na bulo yana wuce digiri 400, cikin minti ɗaya da rabi ta gasu. Na gida kuwa da kyar yake kai 250, sai an haɗa da dabara.

Ki sa kaskon ƙarfe mai kauri a ciki, ki ƙure wuta, ya yi minti 45 yana shan zafi kafin ki ɗora kwaɓin. Kwaɓin nan ya kwana a firiji, kuma da hannu za ki faɗaɗa shi, kada murzawa ta kashe iskar cikinsa.

Wurin miyar tumatir aka fi ɓarna. Uwargida, ba tuwo ba ne! Cokali uku ya isa, cukun ma ki tsane shi, don kada ƙasan ya jiƙe.