Mamman Sani: Makaɗin da Ba Shi da Ubangida

Manazarta sun saba rarraba makaɗan Hausa bisa la'akari da waɗanda suke yi wa kiɗa: na fada, na sana'a, na jama'a. To, a wane rukuni za a sa Mamman Sani na Nijar? Shi kaɗai yake kaɗa fiyanonsa mai lantarki, ƙirar Italiya, ba 'yan amshi, ba maroƙi, kuma galibin kiɗansa babu waƙa. A 1978 aka ɗauki kaset ɗinsa na farko a gidan rediyon Yamai. Rediyo da talabijin sun daɗe suna sa sanyayyen kiɗansa tsakanin shirye-shirye. Sai a 2013 kamfanin Sahel Sounds ya sake fito da shi, duniya ta ji. Ashe kuwa rabe-raben namu suna bukatar gyara.