Darasin Lissafi: Kashi Nawa Ya Rage a Rumbu?

'Yan'uwa, a wannan fitowa za mu koyi ɗebe kashi daga kashi, wato lissafi irin 7/12 a ɗebe 3/12. Ba sai da littafi ko allo ba. Tsinke, tsakuwa 12 da wuri mai yashi sun isa. Mun ɗauki misalin rumbu domin a nan ne kuskuren lissafi yake komawa yunwa.

Ku zana dogon akwati a ƙasa, ku raba shi gida 12 daidai wa daida. Akwatin nan shi ne dukan hatsin da iyali suka ajiye domin ci bayan girbi. Kowane gida abincin wata ɗaya ne. Ku sa tsakuwa ɗaya a kowane gida. Yanzu rumbu cike yake, ana rubuta shi 12/12. Lambar ƙasa tana faɗa mana gida nawa aka raba abin. Lambar sama tana faɗa mana gida nawa ne suke da tsakuwa.

A lura, dole gidajen su zama girma ɗaya. Shi ya sa ba mu ce ku zana siffar rumbu ba, gama cikinsa ya fi wuyansa faɗi. Gaɓoɓin kara ko na rake ma ba su dace da wannan aiki ba, wata gaɓa ta fi wata tsawo.

Bari mu ce an fara ci a farkon Nuwamba. Zuwa ƙarshen Maris an ci wata 5. Ku kwashe tsakuwa 5, ku ƙirga sauran. Saura 7. Wato 12/12 a ɗebe 5/12, saura 7/12.

To, ga damina ta ƙarato, ana neman kuɗin taki da kuɗin makarantar yara. Maigida ya ce a sayar da abincin wata 3. Kafin a kai buhu kasuwa, sai a koma wurin zanen a kwashe tsakuwa 3.

7/12 − 3/12 = 4/12

Ku dubi ƙasa da kyau. Tsakuwa ta ragu daga 7 zuwa 4, amma gidaje nawa ne a zane? Har yanzu 12. Ba wanda ya share layi ko ɗaya. Dalili ke nan da ya sa muke ɗebe lambar sama kaɗai, mu bar ta ƙasa yadda take. Yara da yawa, har da manya a ajin yaƙi da jahilci, sukan ɗebe duka biyu su rubuta 4/0. Kada a tsawata musu. A tambaye su kawai: ina akwatin da aka raba gida sifiri? Lambar ƙasa kamar sunan ma'auni ce. Wanda ya ɗebe mudu 3 daga mudu 7, abin da ya rage masa mudu 4 ne, mudun bai canja ba.

Yanzu ku bi tsakuwa huɗun nan da yatsa kuna kiran watanni: Afrilu, Mayu, Yuni, Yuli. Gidan Agusta babu kome. Kun kuwa san Agusta: ga aikin gona, sabon gero bai shigo sosai ba, hatsi kuma ya yi tsada a kasuwa. Ba mu ce kada a sayar ba, wani lokaci ba makawa. Amma a ganinmu gara maigida da uwargida su ga gidan nan da ba tsakuwa tun a Maris, lokacin da za a iya sayar da akuya a maimakon dawa, ko a yi magana da kwamitin bankin hatsi.

Idan kuka raba gidajen 12 huɗu-huɗu, za ku sami rukuni 3. Tsakuwarmu ta cika rukuni ɗaya. Ashe 4/12 shi ne sulusi, wato 1/3. Haka kuma 3/12 ɗin da aka sayar shi ne rubu'i.

A nan akwai abin da yakan kawo gardama a gida da cikin ƙungiya. Idan wani ya ce, “A sayar da rubu'i,” ku tambaye shi: rubu'in me? Rubu'in dukan rumbu tsakuwa 3 ne. Rubu'in abin da ya rage a Maris, wato na tsakuwa 7, bai kai tsakuwa 2 ba. Bambancin ya fi abincin wata guda. Ɗebewar da muka koya tana aiki ne idan kashi biyun daga akwati ɗaya suka fito.

Ga aikin da za ku gwada kafin taro na gaba. Buhun taki mai kilo 50 ku zana shi gida 10, kowane gida kilo 5. Ƙungiyar mata tana da 9/10 na buhu, ta zuba 4/10 a gonar masara. Kashi nawa ya rage? Kilo nawa ke nan? Wane suna kuma muke kiran wannan kashi da shi a kasuwa? A bar yara su fara zanawa, manya su duba.