Yadda Ake Lissafin Ainihin Kuɗin Bashin Gida Kafin a Sa Hannu

Duk ma'aikacin gwamnatin tarayya da ke Kontagora, malami ne a Jami'ar Ilimi ta Tarayya ko ɗan sanda ko ma'aikacin wani ofishi, in ya duba takardar albashinsa zai ga ana cire masa kashi 2.5 cikin 100 kowane wata da sunan NHF, wato Asusun Gidaje na Ƙasa. Dokar da ta kafa asusun ta fito ne a 1992, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, shi ke riƙe da shi. Wanda ya yi wata shida yana zubi ya cancanci neman bashin saye ko gina gida, da kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 a shekara, a biya cikin shekarun da za su iya kaiwa 30. Tun 2023 aka sassauta wa ma'aikatan kamfanoni masu zaman kansu, zubin ya zama ganin dama a gare su.

Abin da ke damuna shi ne tambayar da mutanenmu ke yi in aka zo maganar wannan bashi. Kusan kowa cewa yake, "Nawa za a riƙa cire mini a wata?" Da an faɗa masa, sai ya auna da albashinsa, in ya ga zai iya, shi ke nan. Tambayar da ta fi wannan nauyi ita ce: ranar da zan gama biya, nawa na biya gaba ɗaya? Amsarta ba ta buƙatar wani ilimi mai zurfi. Biro da takarda da kalkuletar waya sun isa.

A fara da sanin abin da ake ƙullawa. Mutumin ƙasar Kontagora ya san jinginar gona: ka karɓi kuɗi, gonarka ta zauna a hannun wani har ka fanshe ta. Bashin gida danginta ne, sai dai a nan kai ke zaune a cikin gidan, takardar mallakar ce ke hannun banki. In ka gaza biya, doka ta ba bankin hanyar sayar da gidan ya cire haƙƙinsa. Shi ya sa ba a ma fara zancen sai da takarda mai ƙarfi, wadda aka fi sani da C of O. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ɗora filayen jiha a hannun gwamna, kuma jinginar da fili mai irin wannan takarda sai da amincewarsa. A Jihar Neja hukumar NIGIS da ke Minna ce ke kula da wannan sha'ani. Takardar cinikin da aka rubuta gaban mai unguwa da shaidu tana da darajarta a tsakaninmu, amma banki ba zai karɓe ta a matsayin jingina ba. Gidaje da filaye da yawa a garinmu irin takardar da suke da ita ke nan, kuma a nan ne masu nema da dama ke tsayawa tun ba su kai ga lissafi ba.

In takarda ta cika, sai a rubuta lambobi uku a saman shafi: uwar kuɗin da za a ranta, kuɗin ruwa na shekara, da yawan shekarun biya. Mu ɗauki misali. Gidan da kake so kuɗinsa ya ɗan haura naira miliyan 11. Ka'idar FMBN tun 2018 ita ce bashin da bai wuce miliyan 5 ba ba a neman kafin alƙalami, wanda ya haura haka kuma sai ka kawo kashi 10 cikin 100 daga aljihunka. To ka ajiye miliyan ɗaya da 'yan kai, aka ranta maka miliyan 10, ruwa kashi 6, shekara 30.

Yanzu sai a raba ruwan shekara gida 12, tunda wata-wata ake biya. Kashi 6 in aka raba shi 12 ya zama rabin kashi ɗaya cikin 100. Wannan rabin kashi ana ɗora shi ne a kan abin da ya rage a kanka a wannan watan. A watan farko miliyan 10 cif ake binka, don haka ruwansa naira 50,000 ne. Biyan da banki zai yanka maka a kan wannan bashi kuwa kimanin naira 59,955 ne kowane wata, ba ya hawa ba ya sauka. Cire 50,000 daga 59,955, saura 9,955. Wannan 9,955 ita kaɗai ce ta taɓa uwar kuɗi. Wata na biyu ana binka 9,990,045, ruwansa ya ragu da kusan naira 50 kacal, abin da ke shiga uwar kuɗi ya ƙaru da wannan 50 ɗin. Haka za a yi ta tafiya har sau 360.

A nan nake so mai karatu ya ɗan dakata, domin nan ne zuciyar maganar. Bayan shekara 5 kana biya ba fashi, ka zuba kusan miliyan 3.6, amma ana binka miliyan 9.3. Bayan shekara 10 ka zuba kusan miliyan 7.2, ana binka miliyan 8.37. Wato cikin wannan miliyan bakwai da ɗoriya, abin da ya rage bashin bai wuce miliyan 1.63 ba, sauran duk ruwa ne. Sai an shiga shekara ta 19 kafin rabon uwar kuɗi a cikin biyan wata ya rinjayi rabon ruwa. Ko bayan shekara 20 akwai sauran miliyan 5.4 a kanka. Ranar da ka kammala, ka biya naira miliyan 21.58 a kan miliyan 10 da ka karɓa. Ruwan kaɗai, miliyan 11.58, ya fi abin da aka ranta maka. Babu wanda ya yi maka maguɗi a nan, haka tsarin yake, kuma a rubuce yake. Amma wanda bai san da shi ba, ranar da canjin wurin aiki ko wata lalura ta sa ya so sayar da gidan a shekara ta takwas, zai je banki da zaton ya ci kusan kwata na bashin, ya tarar da abin da bai zata ba.

Ba sai ka iya dabarar da banki ke fitar da biyan wata da ita ba. Riƙe wannan ya wadatar: a ruwa kashi 6, kowace miliyan ɗaya da ka ranta tana jawo biyan kusan naira 5,996 a wata in shekara 30 ce, 7,164 in 20 ce, 8,439 in 15 ce, 11,102 in 10 ce. Ninka da yawan miliyoyinka, sannan ka ninka da yawan watanni. Da ka yi haka za ka ga tasirin shekaru. Miliyan 10 ɗin nan a shekara 20 biyanta 71,643 ne a wata, jimilla miliyan 17.19. Ƙarin da bai kai naira 12,000 a wata ba ya tsare maka kusan miliyan 4.4. A shekara 15 kuwa 84,386 ne a wata, jimilla miliyan 15.19. A ganina duk wanda albashinsa zai ɗauki gajeren zango, kada ya zaɓi dogo don kawai biyan watan ya yi masa sauƙin ji.

Sai dai ba kowa ke da zaɓin ba. Ka'ida ita ce biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya bisa uku na abin da kake samu. Mai son miliyan 10 a shekara 30 sai albashinsa ya kai kusan 180,000. Wanda ke kan naira 80,000, mafi ƙarancin albashin da Gwamnan Neja Umaru Bago ya amince da shi a 2024, abin da zai iya ɗauka bai kai miliyan huɗu da rabi ba. Shekarun haihuwa ma suna yanke nasu hukuncin, domin ana so a gama biya kafin ritaya. Ɗan shekara 45 da zai ajiye aiki a 60 shekara 15 gare shi, don haka miliyan 10 a wurinsa na neman albashin da ya haura 250,000.

Daga nan sai kuɗaɗen da ba sa fitowa a cikin wannan kashi 6. FMBN yakan bi ta bankunan lamunin gidaje masu lasisi ne, su kuma suna da kuɗin cike takardu da na gudanarwa. Akwai ladan mai ƙiyasta darajar gida, da na safiyo, da na lauya, da kuɗin neman amincewar gwamna, da rajistar jingina, da harajin kan sarki. Akwai la'adar dillali. Akwai inshorar gobara da ta rai, waɗanda ake sabuntawa duk shekara muddin bashin na nan. Mutumin Kontagora kuma yana da wani ƙari da na Minna ba shi da shi: kuɗin mota da kwana a hanyar Tegina duk lokacin da aka ce takarda kaza ba ta cika ba. Ka nemi a rubuta maka kowanne da adadinsa a takarda mai hatimin banki, ka tara su, ka haɗa da kafin alƙalami da jimillar biyan wata-wata. Abin da ya fito shi ne kuɗin gidanka. Game da kafin alƙalami, tun Satumba 2022 hukumar fansho ta PenCom ta ba da damar cire har kashi 25 cikin 100 na asusun fansho don wannan buƙata. Dama ce, amma daga abincin tsufanka aka ɗebo, a sa wannan ma a ma'auni.

Tambayoyi biyu ba a barin ofis sai an ji amsarsu. Ta farko, ruwan tsayayye ne ko mai motsi? Na NHF tsayayye ne. Na bankunan kasuwanci galibi yana bin ma'aunin Babban Bankin Najeriya, wanda ya tashi daga kashi 11.5 a farkon 2022 zuwa 27.5 a Nuwamba 2024. A ce banki ya ba ka miliyan 10 ɗin nan a kashi 25 na shekara 20: biyan wata ya kusa 210,000, jimilla ta haura miliyan 50. Ta biyu, a kan me ake ɗora ruwan, ragowar bashi ko uwar kuɗin farko? Wasu ƙungiyoyin ma'aikata da ƙananan bankuna kan ce kashi 10 ne kawai, amma a kan kuɗin farko suke lissafa shi har ƙarshe. Miliyan ɗaya a shekara 3 ta wannan hanya ruwanta 300,000 ne, alhali in a kan ragowa ne bai wuce 162,000 ba. Wannan kashi 10 ɗin a haƙiƙa ya kusa 18.

Ka kuma tambaya ko an yarda ka riƙa ƙara wani abu a kan biyan wata ba tare da tara ba, kuma ƙarin ya tafi kai tsaye kan uwar kuɗi. Mutanenmu da yawa ma'aikata ne kuma manoma, kaka na kawo musu kuɗin masara da wake. Wanda ya ƙara 10,000 kowane wata a kan 59,955 zai gama a kusan shekara 21, ya tsira da kusan miliyan 4.

Adalci ne a faɗi ɗaya ɓangaren. Naira 59,955 ta yau ba ita ce ta shekara 20 masu zuwa ba. A Disamba 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin 100, kuma a farkon 2024 buhun siminti ya haura 10,000, ninkin abin da aka saba saye ba da daɗewa ba. Mai tsayayyen ruwa kashi 6 nauyinsa raguwa yake yi yayin da kuɗi ke zubewa, in dai albashi na ɗan motsawa. Hanyar da iyayenmu suka bi, a sayi fili bana, a buga bulo baɗi, a kwashi adashi a yi rufi, ita ma tana da kuɗinta: hayar da kake biya duk shekarun ginin, da tsadar kayan da ke gudu kana bin su. Wanda zai kwatanta hanyoyin biyu ya rubuta waɗannan ma, kada ya ɗauka ginin sannu a hankali kyauta ne.

Ga Musulmi kuwa akwai abin da ya gabaci duk wannan lissafi, shi ne haramcin riba, kuma ƙanƙantar kashi 6 ba ta sauya sunansa. Mutane da yawa a Kontagora saboda wannan suke barin zubinsu har ritaya su karɓi abinsu, kuma ina girmama wannan matsayi. Akwai bankunan da ba sa mu'amala da ruwa: Jaiz ya fara aiki a 2012, TAJ a 2019, Lotus a 2021. A tsarin murabaha banki ke sayen gidan ya sayar maka da ribar da aka sani tun ranar farko. A ijara kana biyan haya ne har gidan ya dawo naka. A musharaka kuna tarayya da bankin, kana sayen kasonsa kaɗan-kaɗan, hayar na raguwa. Hukuncin kowanne a kai wa malaman da suka san fiƙihun ciniki, tare da ainihin takardar yarjejeniyar, kada a tsaya ga bayanin baki. Halaccin ciniki kuma bai ɗauke maka lissafi ba. Nan ma ka ninka biyan wata da yawan watanni, ka tambaya ko hayar za ta iya tashi, wa ke da alhakin gyara, me zai faru in ka makara, kuma me za a yi wa iyalinka in ka rasu kafin a gama.

Kowace hanya ka zaɓa, ka roƙi jadawalin biya tun daga watan farko har na ƙarshe, wanda ya nuna rabon uwar kuɗi da rabon ƙari da ragowar bashi a kowane layi. Haƙƙinka ne. Ka tafi da shi gida, ka zauna da maiɗakinka da wani ɗan uwa da ya iya lissafi, ku duba layi na 60 da na 120 da na ƙarshe. In jami'in ya ce sai ka sa hannu za a ba ka, kada ka sa.